Ɗagel: Dalilan da Suka Sa Ƙauyen Shehu Bai Zama Birni Ba

Duk wanda ya taɓa karanta tarihin Daular Usmaniyya, ko ya saurari wa'azin da aka ambaci Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a cikinsa, ya ji sunan Ɗagel. A nan ne Shehu ya tashi, a nan ne jama'arsa ta taru har ta yi ƙarfin da ya tayar wa sarakunan Gobir hankali, kuma daga nan ne aka yi hijira zuwa Gudu a watan Fabrairu na shekarar 1804. Duk da wannan suna, Ɗagel a yau ƙaramin ƙauye ce ta manoma a ƙaramar hukumar Gwadabawa ta jihar Sakkwato, kusa da Cimmola, kuma da yawa daga cikin masu ambatonta ba za su iya kwatanta hanyar da ake bi a je can ba. Sakkwato, wadda ba ta wuce ɗan ƙauye ba kafin Muhammadu Bello, ɗan Shehu, ya fara gina ta a 1809, ta zama babban birni. Gwandu da Wurno sun zama garuruwan sarauta. Ita kuwa Ɗagel tana nan da gonakinta na gero da rumbunanta.

Amsar da aka fi saurin bayarwa idan aka tambayi dalili ita ce sakacin hukumomi, kuma akwai gaskiya a cikinta. Sai dai ƙanƙantar Ɗagel ta girmi duk wata gwamnati da muka sani. A ganina, abubuwan da suka sa wurin ya dace da zaman malamai a ƙarni na 18, wato nisansa da fada da kasancewarsa a gefen ƙasar Gobir da irin rayuwar noma da kiwo da ake yi a cikinsa, su ne dai suka hana shi zama birni bayan da malaman suka karɓi mulki. Kafin a fahimci haka, sai an fara da ƙasar kanta.

Yankin da ke arewa da birnin Sakkwato, daga Kware zuwa Gwadabawa har Illela a bakin iyakar Nijar, ƙasa ce iri biyu. Akwai fadama, wato kwarin Gulbin Rima, wanda yake tattaro ruwan Bunsuru da Gagare da Gulbin Maraɗi, ya ratso ta Sabon Birni da Goronyo da Wurno, sannan ya haɗu da Gulbin Sakkwato kusa da birnin. Ƙasar fadama baƙa ce mai laka, tana riƙe danshi har bayan ɗaukewar ruwa, ana shuka shinkafa a cikinta da damina, a yi albasa da tattasai da tumatir da rani. Akwai kuma tudu, ƙasar yashi da fako da marmara, wadda ba ta da abin dogaro sai ruwan sama da rijiya. Ɗagel tana arewa da kwarin, ba ta yi nisa da shi ƙwarai ba, amma ba a bakin gulbin take ba. Wannan bambanci yana da nauyi, domin garuruwan da suka yi girma a wannan yanki kusan dukkansu sun zauna ne a kan tudun da yake kallon fadama kai tsaye, inda mutum zai sami wurin kare kansa daga mahara, ga kuma ruwa da abinci a ƙarƙashinsa duk shekara. Haka Sakkwato take, haka Wurno take.

Ruwan sama a wannan yanki yakan tsaya tsakanin milimita 600 da 700 a shekarar da ta yi daidai, kuma kusan dukkansa yana sauka ne daga Yuni zuwa Satumba, mafi yawansa a Yuli da Agusta. A watannin Afrilu da Mayu zafi yakan haura digiri 40. Manomi a nan yana da watanni huɗu ne kacal da zai nemi abincin watanni goma sha biyu, shi ya sa gero ya zama uban hatsi: yana nuna cikin kimanin kwana casa'in, yana jure yashi, kuma idan ruwa ya yi fashi na mako biyu bai cika mutuwa ba. Ana haɗa shi da wake a gona ɗaya, a sa dawa inda ƙasa ta fi nauyi. Itatuwan da aka bari a tsaye a gonakin ma ba don inuwa kawai aka bar su ba. Gawo yana zubar da ganyensa da damina, don haka ba ya tare wa shuka rana, sannan ya yi kore da rani lokacin da dabbobi ke neman abin ci. Dabbobin su kwanta a gindinsa, su bar taki. Kuka tana ba da miya, aduwa da magarya da kurna suna ba da 'ya'ya, kuma a shekarar yunwa waɗannan ne kan riƙe yara kafin sabon hatsi ya iso. Irin wannan ƙasa tana iya ciyar da ƙananan ƙauyuka da rugage da suka watsu, kowanne da rijiyarsa da filin kiwonsa, amma ba ta iya ɗaukar dubban mutanen da ba sa noma, su ne kuwa ke mayar da gari birni.

Dangin Shehu, Toronkawa, Fulani ne malamai da asalinsu ya fito daga Futa Toro a ƙasar Sanagal ta yau. Kakansu Musa Jakollo ya sauka a ƙasar Kwanni ƙarnoni kafin haihuwar Shehu, daga baya wani reshe na zuriyar ya koma Maratta, inda aka haifi Shehu a 1754, sannan gidan mahaifinsa, Muhammadu Fodiyo, ya dawo Ɗagel yana ƙarami. Irin waɗannan malamai sun bambanta da malaman fada. Ba su dogara da kyautar sarki ba, suna da 'yan shanu da tumaki da gonaki, almajirai suna taya su aiki, 'yan'uwansu makiyaya suna kewaye da su, kuma aure tsakanin gidajen malamai ya haɗa ƙauyukansu da juna. Zaman ƙauye ya ba su abin da birni ba zai ba su ba, wato damar su karantar, su yi hukunci tsakaninsu da shari'a, su kuma faɗi laifin masu mulki ba tare da sun ci abincinsu ba.

A lokacin kuwa Gobir sabuwar mai ƙarfi ce a kwarin Rima. Gobirawa sun gangaro daga arewa, Sarki Babari ya ci Birnin Zamfara a tsakiyar ƙarni na 18, aka kafa Alƙalawa a matsayin babban birni can gabas, a ƙasar Sabon Birni ta yau. Daular da ke yaƙi da Zamfara da Katsina da Kabi tana bukatar dawakai da hatsi da mayaƙa, kuma daga talakawa ake fitar da su. Jangali ya yi wa makiyaya nauyi, kuɗin ƙasa da gaisuwa da kamuwa a kasuwa suka yi wa manoma nauyi, ga tilasta wa mutane fita yaƙi, ga kama Musulmi a sayar da su bayi. Waɗannan su ne abubuwan da Shehu ya yi ta suka a rubuce-rubucensa. Ɗagel tana can yamma, tafiyar kwanaki daga Alƙalawa, kusa da inda ikon Gobir yake haɗuwa da na Kabi da Kwanni da Adar. Wanda ya gaji da zaluncin hakimi yana iya tattara iyalinsa ya nufi can.

Shehu ya fara wa'azi yana da kimanin shekara ashirin, wajen 1774, kuma bai zauna wuri ɗaya ba. Ya zagaya Kabi, ya yi kusan shekara biyar a Zamfara, yana wa'azi da Hausa da Fulatanci, yana tsara waƙoƙi domin waɗanda ba su iya Larabci ba su haddace. A ƙarshen shekarun 1780, a taron Babbar Salla a Magami, Sarkin Gobir Bawa Jan Gwarzo ya tara malamai ya yi musu kyauta, Shehu ya ƙi karɓar dukiya, ya nemi abubuwa biyar a madadinta: a bar shi ya kira mutane zuwa ga Allah, kada a hana kowa amsa kiran, a girmama duk mai rawani, a saki fursunoni, a kuma sassauta wa talakawa haraji. Bawa ya amince. Daga wannan lokaci Ɗagel ta zama kamar wani yanki mai cin gashin kansa a cikin Gobir, kuma bayan da Shehu ya dawo ya zauna a cikinta a farkon shekarun 1790, ɗalibai suka riƙa zuwa daga ƙasashen Hausa da Azbin da Borno, su yi karatu, a ba su ijaza, su koma garuruwansu. Da yawa daga cikin waɗanda suka karɓi tutocin jihadi daga baya ta wannan hanya suka san Shehu.

Yana da kyau a tsaya a yi tunanin yadda wannan jama'a take rayuwa, domin littattafan tarihi sun fi mayar da hankali kan wa'azi da yaƙi. Ɗaruruwan baƙi ba sa rayuwa da karatu kaɗai. Dole ne a noma musu gero, a sussuka, a daka, a ɗebo ruwa daga rijiya, a tatso nono, a kaɗa zare a saƙa tufafi, a jeme fata a yi gafaka, a dafa tawada, a sayo takarda daga fatake. Waziri Giɗaɗo ɗan Laima, wanda ya rayu cikin jama'ar, ya rubuta sunayen maƙwabtan Shehu da limamai da ladanai da marubutan da ke kwafe littattafai, kuma daga wannan ake gane cewa Ɗagel unguwanni ce na gidajen malamai da suka kewaye masallaci da gidan Shehu, da amininsa Umaru Alkammu da ƙanensa Abdullahi a kusa. Babban kaso na aikin da ya riƙe wannan taro yana hannun mata ne, kuma matan ba a bar su a baya wajen karatu ba. Shehu ya soki malaman da ke karantar da almajirai suna barin matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci, kuma tun a Zamfara da wani malami daga Borno ya yi ƙorafin halartar mata wurin wa'azi, Abdullahi ne ya mayar masa da amsa a waƙe. A cikin wannan gida aka haifi Nana Asma'u a 1793, wadda daga baya ta kafa tsarin 'Yan Taru, inda jagororin mata, waɗanda ake kiran kowaccensu jaji, ke zuwa daga ƙauyuka su karɓi karatu su koma su koyar da 'yan'uwansu mata.

Girman da jama'ar ta yi shi ne ya kawo ƙarshen zamanta a wurin. Sarkin Gobir Nafata ya yi shela cewa ban da Shehu babu mai wa'azi, wanda bai gaji Musulunci ba ya koma addinin iyayensa, maza su daina naɗa rawani, mata su daina lulluɓi. Ɗansa Yunfa ya ƙara tsanantawa. Da rundunar Gobir ta kai wa Gimbana hari, garin da Malam Abdussalami, almajirin Shehu, da mabiyansa suka koma, ta kamo mutane ta biyo da su ta kusa da Ɗagel, jama'ar Shehu suka kwance su. Yunfa ya aiko Shehu ya fita shi da iyalinsa ya bar sauran, Shehu ya ce ba zai rabu da jama'arsa ba, sai dai su fita tare.

Manomi zai fi kowa gane nauyin abin da ya faru a Fabrairun 1804. Lokaci ne da an gama girbi, hatsi yana cikin rumbu, shi ne kuma guzurin da zai kai mutane damina ta gaba. Rumbu kuwa ba ya hawa raƙumi. An ɗora littattafai da abin da ya sawwaƙa, Abzinawa irin su Agali da Fulani makiyaya irin su Aliyu Jeɗo suka taimaka, aka bi ta Kalmalo da Ruwawuri aka isa Gudu a can yamma, inda aka yi wa Shehu mubaya'a. An ci nasara a Tafkin Kwatto a watan Yuni na shekarar, daidai lokacin da ya kamata a ce ana shuka, kuma mutanen da ba su yi shuka ba ba su da abin girba. Yunwa da cuta sun bi jama'ar a shekarun farko kamar yadda abokan gaba suka bi su, ga asarar yaƙin Tsuntsuwa inda mahaddata Alƙur'ani masu yawa suka yi shahada, kuma neman abinci na cikin dalilan da suka sa aka koma Zamfara, daga can aka wuce Gwandu. Ɗagel kuwa an bar ta kango a tsakiyar fagen yaƙi.

Bayan faɗuwar Alƙalawa a 1808, Shehu bai koma Ɗagel ba. Ya zauna a Sifawa, sannan ya koma Sakkwato a 1815, ya rasu a can a 1817. Hijirar an yi ta ne bisa koyi da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, wanda shi ma bai koma zama Makka ba bayan an ci ta, amma akwai kuma dalilai na ƙasa da tsaro. Jama'ar da a da take guje wa fada yanzu ita ce ke riƙe da mulki, kuma mulki yana bukatar ganuwa da kasuwa da ruwan da zai ishi dawakai da fadamar da za ta ciyar da runduna. Sakkwato tana da duk waɗannan, kuma kwarin Rima ya zame mata kariya daga arewa. Ɗagel tana ɗaya gefen kwarin, gefen da hari ke fitowa. Gobirawan da ba su miƙa wuya ba sun ci gaba da yaƙi, har bayan da Bello ya karya su a Gawakuke a 1836 suka sake kafa sarautarsu a Tsibiri kusa da Maraɗi, daga baya wani reshe ya kafa Sabon Birni. Kabawa ma ba su kwanta ba daga yamma. Kusan tsawon ƙarni na 19, ƙasar da ke arewa da Rima bakin daga ce, wurin da ba a kwana da ido biyu rufe.

Maganin da Bello ya kawo shi ne ribaɗi, wato garuruwa masu ganuwa a kan iyaka, inda ake zaunar da mayaƙa da malamai da makiyayan da aka ƙarfafa musu gwiwar su zauna su yi noma, da kuma bayi da aka kamo a yaƙi, waɗanda guminsu ne ya noma da yawa daga cikin gandayen manya. Wannan ɓangare na tarihin bai kamata a riƙa tsallake shi ba. Shi kansa Bello a ribaɗinsa na Wurno ya rasu a 1837, can kuma kabarinsa yake. Da Ahmadu ɗan Atiku ya zama Sarkin Musulmi a 1859, sai ya mayar da Cimmola ribaɗinsa, dab da Ɗagel. A nan ne aka ga cewa ko da mulki ya dawo unguwar, wurin da ya dace da ganuwa aka zaɓa, ba tsohon mazaunin malamai ba. Ɗansa Muhammadu Maiturare, wanda aka fi sani da Marafa, ya kafa Gwadabawa a farkon shekarun 1880, ya buɗe ƙasar arewa har wajen Illela da Tangaza, ya jawo Adarawa da Abzinawa da Gobirawa da sauran masu neman gona suka zauna ƙarƙashin kariyarsa. Daga baya ya zama Sarkin Musulmi daga 1915 zuwa 1924, ɗansa Muhammadu Tambari ya gaje shi har 1931. Cakuɗuwar al'ummar da ake gani a ƙauyukan wannan yanki a yau, Fulanin da suka koma magana da Hausa, da Gobirawa da Adarawa da Buzaye, daga wannan zamani mafi yawanta ta samo asali. Gwadabawa ta zama mazaunin hakimi, kasuwa da kotu da haraji suka bi hakimin, Ɗagel ta zama ɗaya daga cikin ƙauyukan ƙasarsa.

Zuwan Turawa ya ƙara tabbatar da wannan tsari. Sakkwato ta faɗa hannun Ingila a watan Maris na 1903, kuma yarjejeniyoyin da Ingila da Faransa suka yi a 1904 da 1906 suka ja layin da ya raba ƙasar da a da take ɗaya. Kwanni da Maratta da Tsibiri suka faɗa ɓangaren Faransa, Ɗagel da Gudu da kangon Alƙalawa suka zauna ɓangaren Ingila, har ya zama mahaifar Shehu tana Nijar, garin da ya tashi yana Najeriya. Babbar hanyar mota da ta haɗa Sakkwato da Kwanni ta bi ta Kware da Gwadabawa da Illela, kuma a ƙarni na 20 hanyar mota ce ke yanke hukuncin garin da zai girma da wanda zai tsaya. Illela ta bunƙasa da kasuwar dabbobi da hatsi ta kan iyaka. Gyaran ƙananan hukumomi na 1976, shekarar da aka ƙirƙiri jihar Sakkwato, ya sake tara sakatariya da asibiti da makarantun sakandare a hedikwatoci, aka bar ƙauyukan da ke nesa da kwalta suna kallo.

Rayuwar ƙauye irin Ɗagel a yau tana tafiya ne da kalandar da ba ta canza sosai ba tun zamanin Shehu. Da bazara ake sharar gona a kai taki a kan jaki ko amalanke, wasu su yi binne, wato su sa iri a busasshiyar ƙasa suna jiran ruwan farko, duk da haɗarin cewa yayyafi zai iya tsirar da shi rana ta ƙone. Bayan shuka sai noman farko, sai maimai, kuma tsakanin Yuli da Agusta ne aiki ya fi yawa alhali rumbu ya fi zama fanko. Wanda hatsinsa ya ƙare a wannan lokaci yakan bar gonarsa ya tafi ƙwadago a gonar wani don ya samo abin da za a ci ranar, gonarsa ta yi ciyawa, amfaninsa ya ragu, baɗi ya sake shiga halin da ya fi na bana. Ta wannan hanya talauci yake zama gado a ƙauye, kuma duk mai son ya taimaki manomi ya kamata ya san cewa buhun hatsi a watan Agusta ya fi buhu biyu a watan Nuwamba amfani. Ana yi wa noma kirari da na duƙe tsohon ciniki, amma cinikin ya fi yi wa wanda ke iya ajiye hatsinsa har farashi ya tashi riba, ba wanda bashi ya tilasta masa sayarwa a bakin gona ba.

Tsarin gandu, inda uba da 'ya'yansa maza da suka yi aure ke noma babbar gona tare, a ci daga tukunya ɗaya, kowane ɗa kuma yana da gayaunarsa, ya yi rauni ƙwarai. Yawan jama'a ya ƙaru, ana raba gona gado bayan gado har ta koma 'yan kadada kaɗan ko ƙasa da haka, saurar da ake barin ƙasa ta huta ta ɓace, kuma gonar da ba ta hutawa ba ta samun taki sai ƙuduji ya mamaye ta. Wannan matsi shi ne ya ci burtali da makiyaya. A da, bayan girbi, manomi ne ke roƙon Bafulatani ya kwana da shanunsa a gonarsa, ya ba shi hatsi, shanun su ci kara su bar taki. Yanzu kara da harawa sun zama kayan sayarwa, manomi yana tattare su don tumakinsa ko don kasuwa, makiyayi ya iso ya tarar da fili a share, hanya kuma a toshe. Abin baƙin ciki ne a ce a ƙasar da jama'ar Shehu ta ginu a kan haɗin kan malami da manomi da makiyayi, wannan alaƙa ce ta fi lalacewa.

Da zarar an ɗaure damman gero an zuba a rumbu, sai matasa su kama hanyar cin rani. Wannan al'ada tsohuwa ce a ƙasar Sakkwato, tun zamanin Turawa mutanen yankin ke gangarawa kudu har ƙasar Gwanja da Kumasi, yau kuma Legas da Ibadan da Fatakwal da Abuja ake nufa, a yi dako ko ga-ruwa ko acaba ko sayar da albasa, a dawo kafin ruwa ya sauka. Kuɗin da suke aikowa ne ke sayen takin zamani da kwanon rufi da kayan aure. Waɗanda suka rage a gida tsofaffi ne da mata da yara, kuma a hannun matan ne ƙaramin arzikin gida yake: kiwon jar akuya, wadda fatarta ta yi suna tun zamanin fatauci ta hamada, da turkar rago don Babbar Salla, da ƙuli-ƙuli da fura da saƙar tabarma da adashi. Idan ciwo ya zo ko hatsi ya yanke, akuyar uwargida ce ake fara kaiwa kasuwa.

Mai gona a fadama yana da wata mafita, domin noman rani, musamman na albasa, ya zama babbar hanyar samun kuɗi a ƙasar Gwadabawa da Goronyo da Wurno, kamar yadda yake a Galmi ta Nijar, kusa da Maratta. Injin ban ruwa da rijiyar burtsatse sun maye gurbin jigo. Madatsar ruwa ta Goronyo, wadda aka kammala a 1984, ta canza yadda Rima ke ambaliya: ta ba wasu ruwa da rani, ta rage wa wasu laka da danshin da ambaliyar shekara-shekara ke kawo musu, kuma a watan Satumba na 2010 ruwan ya yi ɓarnar da ta cinye gidaje da gonaki a ƙananan hukumomi da dama na kwarin. Albasa kuma tana da nata haɗari, domin ba ta jure ajiya idan babu rumbu mai iska, kuma kasuwarta tana rataye da hanya da iyaka. Rufe iyakokin Najeriya daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020, da wanda ya biyo bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023, sun nuna yadda shawarar da aka yanke a Abuja ko Yamai ke sauka kai tsaye a kan farashin tiya a kasuwar ƙauye.

A kan duk waɗannan sai ga rashin tsaro. 'Yan bindiga sun addabi gabashin jihar, Sabon Birni da Isa da Goronyo da Rabah, wato tsohuwar ƙasar Alƙalawa, suna sa wa ƙauyuka haraji kafin a bar su su yi shuka ko girbi, a yamma kuma Lakurawa sun bayyana a dazukan Tangaza da Gudu, inda aka yi mubaya'a. Ƙauyen da ke tsakanin waɗannan wurare biyu yana jin abin ko da ba a shigo masa ba, domin gonar nesa ta zama abin tsoro, dabbobi sun zama abin jawo hari, 'yan gudun hijira kuma suna sauka wurin dangi su raba ɗan abin da ke rumbu.

Masu ziyara suna zuwa Ɗagel don ganin inda gidan Shehu da masallacinsa suka kasance, da maƙabartar magabata, ciki har da kabarin mahaifinsa, kuma lokaci zuwa lokaci akan yi maganar mayar da wurin cibiyar tarihi. Ina goyon bayan haka, da sharaɗin a fara da mutanen da ke zaune a wurin. Ginin ƙasa ba ya daɗewa idan ba a yaɓe shi, don haka abin da ya rage na tsohuwar Ɗagel ya fi yawa a bakin dattawa: su ne suka san wane fili ne unguwar wane malami, wace rijiya ce tsohuwa, ta ina ayarin hijira ya fita. Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da ofishin adana tarihi na Waziri Junaidu duk suna Sakkwato, tafiyar da ba ta kai yini ba, kuma aikin naɗar bayanan waɗannan dattawa da auna filayen a zana taswirarsu ba ya bukatar kuɗi masu yawa. Idan kuma za a kewaye wani wuri da katanga, to gonar wani ce za a kewaye, kuma a ƙauyen da gado ya riga ya ƙanƙantar da gonaki, wajibi ne a zauna da mai ita a biya shi diyyar da za ta saya masa wata kafin a aza tubali ko ɗaya.